Fina-finan Kerala: mutanen ne suka yi fim, ko fim ne ya yi mutanen?

Abban Sadiq:
Assalamu alaikum 'yan uwa. Akwai abin da ya daɗe yana cina a rai, yau na ce bari in kawo shi zaure. Mu nan idan aka ce fim ɗin Indiya, na Bombay ne ke zuwa mana a rai, sai na Telugu da Tamil da masu fassara suka cika mana waya da su. To wata shida ke nan na koma kallon na jihar Kerala, masu harshen Malayalam, kuma wallahi sun sauya mini yadda nake kallon fim.

Abin da ya fara jawo ni shi ne Drishyam. Wanda muka yi ta yabo na Ajay Devgn ashe sake shi aka yi. Na asalin na Kerala ne, ya fito a 2013, Mohanlal ne jarumin, Jeethu Joseph darakta. Da na bi diddigi sai ga Hera Pheri, ga Bhool Bhulaiyaa, har Bodyguard na Salman Khan, duk daga can aka ɗauko labarinsu. Jiha ce 'yar siririya a bakin teku, kudu maso yammacin Indiya, mutanenta miliyan 33 da 'yan kai a ƙidayar 2011, amma ita ke ciyar da manya da labari.

A fim ɗinsu za ka ga jarumi da zane ɗaure a ƙugu, yana zaune a teburin mai shayi da jarida a hannu, ana gardamar siyasa. Ana taɓa ɗan sanda, ana taɓa jam'iyya, ana taɓa limamin coci da mai tsaron wurin bauta. Ni a ganina fim ne ya tarbiyyantar da mutanen nan har suka waye haka. Me kuka gani?

Malam Na Zariya:
Wa alaikumus salam. Abban Sadiq, ka ɗauko magana mai kyau, amma ina ganin ka juya ta. Mutanen ne suka riga fim ɗin wayewa. A ƙidayar nan ta 2011 da ka ambata, kusan kashi 94 cikin ɗari na mutanen Kerala sun iya karatu da rubutu, babu jihar da ta kai su a Indiya. Tun shekarun 1940 suke da yunƙurin kafa ɗakunan karatu ƙauye-ƙauye. Mutumin da ya saba karanta littafi ba za ka kawo masa labarin da bai da kai bai da gindi ya biya kuɗinsa ba.

Shi ya sa manyan fina-finansu na farko daga littafi suka fito. Chemmeen na 1965, wanda Ramu Kariat ya ba da umarni, littafin Thakazhi Sivasankara Pillai ne a kan masunta, soyayyar 'yar masunci 'yar Hindu da wani ɗan kasuwa Musulmi. Shi ne fim na farko daga kudancin Indiya da ya ci lambar zinare ta shugaban ƙasa.

Sannan kada a manta da dandamali. A 1952 wata ƙungiyar wasan kwaikwayo mai suna KPAC ta fara zagaye ƙauyuka da wasan da Thoppil Bhasi ya rubuta, wanda ma'anar sunansa ita ce kun mayar da ni ɗan kwaminis. An kafa jihar a 1956, a 1957 kuma suka zaɓi gwamnatin 'yan gurguzu ƙarƙashin E.M.S. Namboodiripad da ƙuri'a, ba da bindiga ba. Marubuta da mawaƙa da 'yan wasan wannan dandamali su ne suka kwarara cikin fim. To ka ga siyasar ce ta shigo fim da ƙafarta.

Abban Sadiq:
Allah ya gafarta Malam, ai ka ƙarfafa ni ne. Idan wasan dandamali ya taimaka aka ci zaɓe, to fasaha ta juya siyasa ke nan.

Malam Na Zariya:
Ta taimaka, ban musa ba. Amma sai da aka sami manoma 'yan haya da masu aikin igiyar kwakwa da suka gaji da zalunci tukuna wasan ya sami kunnen da zai saurare shi. Ruwa ba ya tsami banza.

Maman Ilham:
Malam, da Abban Sadiq, ku yi haƙuri zan shigo da wani ɓangare, don na ga an fara yabo tun ba a buɗe tukunyar ba. Ku tambaya yaya aka yi da mace ta farko da ta fito a fim ɗinsu. Sunanta P.K. Rosy. Ta fito a Vigathakumaran, fim na farko da J.C. Daniel ya yi a ƙarshen shekarun 1920, tun ba a fara sa murya ba. Ita 'yar Dalit ce, wato mutanen da tsarin gadon asali na Hindu ya ajiye a can ƙasa, har ana ƙyamar taɓa su. Laifinta kawai ta fito a matsayin mace 'yar Nair, masu asali. Aka yi jifa a gidan kallon, aka ƙone mata gida, ta gudu ta bar garin, ba ta sake fitowa a fim ba har ta mutu. Shekaru da yawa ko sunanta ba a ambata, sai daga baya masu bincike suka tono, aka kuma yi fim ɗin Celluloid a 2013 da ya taɓo labarin.

Ko Neelakuyil na 1954 da ake cewa shi ne ya fara yaƙi da ƙyamar asali, ku duba yadda ya ƙare. Malamin makaranta mai asali ya yi wa yarinya 'yar Dalit ciki, ya ƙi aurenta. Ita ce ta mutu a wulaƙance. Shi kuwa aka ba shi damar tuba ya karɓi ɗansa, ya fita da mutuncinsa. Ni wannan ya tsaya mini a rai ƙwarai.

Malam Na Zariya:
Gaskiyarki Hajiya. Sai dai a auna shi da zamaninsa. A 1954 a nuna wa jama'a cewa mai asalin ne azzalumi, kuma wani ma'aikacin gidan waya ya ɗauki jaririn ya rene shi ba tare da ƙyama ba, ba ƙaramin abu ba ne. A cikin fim ɗin nan ne ma aka sa waƙa da salon waƙoƙin Musulmin Malabar, wato arewacin Kerala, alhali kafin nan kiɗan Hindi da Tamil suke kwaikwayo.

Ɗan Ci-rani:
Salamu alaikum. Ni ban yi zurfi a tarihi ba, amma shekarata bakwai ina aiki a ƙasar Larabawa, kuma rabin waɗanda muke kwana ɗaki ɗaya da su 'yan Kerala ne. Duk kantin da ka shiga, duk asibiti, duk wurin gini, suna nan. Sun haura miliyan biyu a ƙasashen waje, akasarinsu a yankin Gulf. Su ma 'yan ci-rani ne kamar mu, sai dai nasu ya kai shekara hamsin ana yi.

Wani dattijo a cikinsu, direba ne, shi ya sa mini Pathemari a wayarsa wani daren Juma'a. Fim ne na 2015, Mammootty ya fito a matsayin mutumin da ya tsallaka teku a jirgin ruwa na katako yana saurayi, ya ƙare rayuwarsa yana aika kuɗi gida. Ya aurar da 'yan uwa, ya yi wa kowa hidima, amma duk sanda ya ce zai dawo gida ya zauna sai ya ga fuskoki sun sauya, saboda in ya dawo kuɗi sun tsaya. Ba na jin yarensu, rubutun Turanci na ƙasa nake bi, amma na juya na ga dattijon nan yana share hawaye da gefen rawaninsa. Ni ma ban san sanda nawa suka zubo ba. Na tuna da mutanenmu da suka tsufa a Makka da Jidda, gida ana jiran saƙo, ba a jiran su.

Sai Aadujeevitham na 2024, wanda Prithviraj ya fito, daga littafin Benyamin. Mutum ya zo Saudiyya neman aiki, wani da ba kafilinsa ba ya ɗauke shi daga filin jirgi ya kai shi sahara kiwon awaki, babu albashi, babu hanyar gudu. A ɗakinmu an yi gardama a kansa sosai. Wasu sun ce ya ɓata sunan ƙasar da ta ciyar da gidajensu, wasu suka ce kowa ya san wani da irin haka ta faru da shi.

Abin da zan ce wa Abban Sadiq, waɗannan fina-finan ba su hana kowa tafiya ba. Har gobe suna zuwa. Amma dattijon ya ce mini bayan 'ya'yansa sun kalli Pathemari sun daina tambayarsa me zai kawo musu, sun koma tambayarsa yaushe zai dawo.

Maman Ilham:
Allah sarki. Allah ya dawo da ku gida lafiya, ƙanena.

Ɗan Damagaram:
Ina gaida kowa. Ni ina bayan Malam, har ma na wuce shi. A siyasa dai fim bai da wani ƙarfi a Kerala, ga hujjata. Ku leƙa maƙwabciyarsu Tamil Nadu. M.G. Ramachandran jarumin fim ne, ya zama babban minista, wato shugaban gwamnatin jiha, daga 1977 har ya rasu a 1987. Jayalalithaa jaruma ce, ta mulki jihar. Karunanidhi marubucin fim ne, shi ma ya mulke ta. A Andhra Pradesh jarumi N.T. Rama Rao ya kafa jam'iyya, cikin wata tara ya karɓi mulki a 1983. Wannan shi ne fim ya juya siyasa. A Kerala fa? Ba a taɓa samun jarumin da ya zama babban minista ba. Mohanlal da Mammootty sun shekara arba'in suna riƙe da masana'antar, ba wanda ya tsaya takara a cikinsu. Mutanen suna tafa wa jarumi a sinima, ranar zaɓe kuma su bi jam'iyyarsu.

Abban Sadiq:
To Suresh Gopi fa, ɗan uwa? A 2024 ya ci kujerar Thrissur, shi ne ɗan jam'iyyar BJP ta Narendra Modi na farko da ya taɓa cin kujerar majalisar wakilai ta tarayya daga Kerala, har aka ba shi ƙaramin minista. Kuma da me aka san shi? Da fitowa a matsayin ɗan sanda mai tsawa da ba ya tsoron 'yan siyasa. Kafin shi ɗan wasan barkwanci Innocent ya ci kujera a 2014 da goyon bayan 'yan gurguzu.

Ɗan Damagaram:
Sai da ya faɗi sau biyu a wannan Thrissur ɗin, a 2019 da 2021, kafin ya ci. Da farin jinin fim ne kawai da tun farko ya wuce. Innocent kuwa jam'iyya ce ta ɗauke shi, da ya sake tsayawa a 2019 ya faɗi.

Ɗalibi a Indiya:
Yayyena, ku ba ni dama. Ina karatu a Bangalore, abokaina da yawa 'yan Kerala ne, na kuma je Kozhikode da Malappuram hutu. Ina ganin Yaya Ɗan Damagaram ya taƙaita siyasa a kan kujera. Akwai siyasar da ta fi kujera, wato wa ake nunawa a matsayin mutumin kirki, wa ake nunawa a matsayin abin tsoro.

A 1970 dokar rabon filaye ta fara aiki a Kerala, manyan gidajen masu ƙasa suka rushe. Adoor Gopalakrishnan ya nuna wannan a Elippathayam na 1981, ma'anarsa tarkon ɓera: magajin tsohon gida wanda ko ruwan wankansa ba ya iya ɗorawa, ƙanwarsa na yi masa bauta har ta kwanta ciwo, duniya ta wuce shi yana zaune a kujera. Wannan fim ya binne wancan zamanin ne. Amma da aka shiga shekarun 1990 sai fina-finan kasuwa suka tono shi suka yi masa ado. Devasuram a 1993, Aaraam Thampuran a 1997, Narasimham a 2000, duk Mohanlal ne yana murza gashin baki, ɗan babban gida mai asali, mai giwa da bikin wurin bauta, kowa na rusuna masa. Matasa suka haddace maganganunsa. A waɗannan shekarun idan ka ga baƙin mutum a fim, yawanci ɗan daba ne ko abin dariya. Musulmin Malappuram kuwa, akwai inda aka jefa magana a ɗaya daga cikin fina-finan nan cewa a can ake samun bam cikin sauƙi. Abokina ɗan can ya ce har yau in ya faɗi garinsu a wani wuri sai an yi masa wannan ba'ar. Gunduma ce da kusan kashi 70 Musulmi ne, layi ɗaya a fim ya bi su shekara da shekaru.

Amsar da suka bayar ita ce ta fi burge ni. Ba zanga-zanga suka yi ba, yaransu suka koyi fim. A 2018 Zakariya Mohammed ya yi Sudani from Nigeria. A Malappuram suna da gasar ƙwallo ta mutum bakwai-bakwai, suna ɗauko 'yan wasa daga Afirka, kuma duk baƙar fata Sudani suke ce masa ko daga ina yake. Ɗan Najeriya Samuel Abiola Robinson ya fito a matsayin ɗan wasan da ya ji rauni, manajansa Majeed bai da kuɗin asibiti, sai ya kai shi gidansu. Tsofaffin mata biyu, uwar Majeed da maƙwabciyarta, su suka yi jinyarsa. Ba sa jin yarensa, ba ya jin nasu, shi Kirista su Musulmi. Da labari ya zo cewa kakarsa ta rasu a gida, suka yi mata sadaka irin tasu. Fim ɗin ya ci kyautar ƙasa ta fim mafi kyau a harshen Malayalam. Wanda ya kalle shi ba zai ƙara jin sunan Malappuram ya tuna bam ba, tsohuwar nan zai tuna.

Ɗan Damagaram:
Na kalle shi, ya yi kyau. Amma ƙanena ka faɗi sauran. Shi Samuel ɗin bayan fim ya fito ya yi ƙorafi a Facebook cewa kuɗin da aka biya shi bai kai na takwarorinsa ba, sai daga baya aka sasanta. Ka ga abin da ke gaban kyamara daban, na bayanta daban.

Ɗalibi a Indiya:
Haka ne Yaya, an yi wannan. Kuma ni kaina an kira ni Sudani a titi, wani da fara'a, wani ba da fara'a ba. Ban ce aljanna ba ce.

Maman Ilham:
Maganar gaban kyamara da bayanta ita ce ainihin inda nake son a zo. A Janairun 2021 aka saki The Great Indian Kitchen na Jeo Baby. Manyan manhajojin kallo ba su karɓe shi da farko ba, a wata ƙarama aka sa shi, baki da baki ya yaɗu. Babu duka a fim ɗin, babu zagi. Amarya ce kawai da kicin. Ta yanka, ta dafa, ta share teburin da maza suka tofar da ƙashi a kai, ta wanke, gari ya waye a sake. Surukinta ba ya cin shinkafa sai ta itace, ba ya son a wanke kayansa da inji, ko buroshin goge baki sai matarsa ta miƙo masa. Bututun wurin wanke-wanke yana yoyo, kullum tana faɗa wa mijin, kullum zai kira mai gyara gobe. In tana al'ada a killace ta a wani ɗaki kamar mai cuta. An haɗa labarin da rikicin wurin bautar Sabarimala, wanda kotun ƙolin Indiya ta yanke a 2018 cewa mata masu shekara 10 zuwa 50 ma suna iya shiga, jihar ta kusa kamawa da wuta.

Na kalle shi da ƙanwata, ba mu yi magana ba har ya ƙare. Addininmu daban, al'adarmu daban, kuma ni ban ɗauki hidimar gida a matsayin wulaƙanci ba. Amma rashin ganin wahalar mai yi, wannan na san shi.

To masana'antar da ta yi wannan fim ita ce kuma a Fabrairun 2017 aka sace wata fitacciyar jarumarta a kusa da birnin Kochi aka ci zarafinta a cikin mota. Matan masana'antar suka kafa ƙungiyarsu, WCC, suka matsa wa gwamnati ta kafa kwamiti ƙarƙashin tsohuwar mai shari'a K. Hema. Kwamitin ya miƙa rahoto a Disambar 2019. Sai aka rufe shi a aljihun tebur kusan shekara biyar, a hannun gwamnatin da ke cewa ita ce ta talaka da mata. Sai a Agustan 2024 ya fito, shi ma an cire wasu shafuka. Abin da ke ciki: neman mata kafin a ba su aiki, rashin ban ɗaki da wurin canza kaya a wurin ɗaukar fim, da wasu tsirarun maza da ke iya hana duk wadda ta yi magana aiki. Cikin kwanaki shugabannin ƙungiyar 'yan wasa ta AMMA suka sauka gaba ɗaya, har da Mohanlal da ke shugabanta. A 2025 aka zaɓi mace, Shwetha Menon, ta shugabance ta karo na farko.

Don haka ni ba na cewa sun fi kowa tsarki. Abin da na yaba shi ne matan ba su yi shiru ba, 'yan jarida ba su bari ba, jama'a kuma ba su ce a rufa asiri don kada a ɓata sunan masana'anta ba.

Anti Marubuciya:
Maman Ilham, kin gama magana. Ni da nake ɗan taɓa rubutun fim a nan Kano, wanda ya fi taɓa ni shi ne Halal Love Story na 2020, na wannan Zakariya ɗin dai. Wasu 'yan ƙungiyar addini ne a ƙauyen Malabar suke son yin fim da bai saɓa wa shari'a ba. Sai suka ce dole miji da matar cikin fim su zama ma'aurata na gaske. Daga nan tambayoyi suka taso: za a iya nuna runguma ko da matarsa ce? Wane darakta za a ɗauko, alhali wanda ya iya aikin ba ya kiyaye abin da suke kiyayewa? Ina kallo ina cewa wannan ai zancenmu ne, shi muke yi da hukumar tace fina-finai da malamai da junanmu shekara ashirin da wani abu. Kuma bai yi wa masu addinin dariya ba, bai mayar da su jahilai ba. Ya nuna su mutane ne masu son fasaha da tsoron Allah a lokaci guda.

Abin da ke ba ni takaici, mun shekara muna wankiyar fina-finan Bombay, rawa da waƙa da soyayyar mutum uku, alhali ga waɗanda ya kamata mu koyi dabararsu. Ba labarinsu za mu ɗauko ba. Su unguwarsu suke kallo su rubuta. An yi annobar Nipah a Kozhikode a 2018, bayan shekara ɗaya suka yi fim ɗin Virus, da ma'aikaciyar jinyar da ta rasu a bakin aiki da masu bin sawun cutar gida-gida. An yi ambaliya a 2018 da ta ci mutum sama da 400, suka yi fim a 2023 da ya nuna masunta sun ɗoro kwale-kwalensu a manyan motoci sun shiga gari ceto. Mu ina fim ɗinmu a kan ambaliyar Maiduguri, ko a kan gobarar kasuwa, ko a kan ɗan ci-ranin da ya yi magana ɗazu?

Abban Sadiq:
Anti, kuɗi fa? Kasuwarmu ba ta kai tasu ba.

Anti Marubuciya:
Kuɗi na da nasa, amma The Great Indian Kitchen kusan a gida ɗaya aka ɗauke shi. A 1986 darakta John Abraham (ba jarumin Bombay ba) da abokansa sun bi ƙauyuka suna karɓar taro da sisi daga jama'a suka yi Amma Ariyan. Abin da suke da shi da ba mu da shi, masu kallo ne da aka rene su. Tun 1965 Adoor ya kafa ƙungiyar kallon fim ta Chitralekha, irinta suka bazu har ƙananan garuruwa. Tun shekarun 1990 suke bikin fina-finai na duniya, yanzu duk Disamba a Thiruvananthapuram, babban birnin jihar, ɗalibai da direbobi na layi don kallon fim ɗin Iran ko Koriya. Kuma gwamnatin jiha ce ke ɗaukar nauyi.

Malam Na Zariya:
Ina so in koma kan Ɗan Damagaram, don na sake tunani, kuma zan ɗan sassauta matsayina na farko. Akwai fina-finai biyu da Sreenivasan ya rubuta, Sathyan Anthikad ya ba da umarni. Varavelpu na 1989: mutum ya dawo daga Gulf da ɗan abin da ya tara, ya sayi motar haya, 'yan ƙungiyar ƙwadago suka sa shi gaba da yajin aiki har ya karye ya koma inda ya fito. Firaminista Vajpayee da kansa ya kawo misali da fim ɗin a taron masu zuba jari a Kochi a 2003. Sai Sandesam na 1991: wa da ƙane, kowa da jam'iyyarsa, ba mai sana'a a cikinsu, sun mayar da gidan ubansu filin daga, har jam'iyyun biyu suna rigima a kan gawar wani kowa na cewa shahidinsu ne. Shekara talatin da wani abu, har yau in 'yan siyasarsu suka yi abin kunya da maganganun fim ɗin nan ake yi musu raddi. Wasu 'yan gurguzu na cewa ya koya wa matasa raina siyasa baki ɗaya, kuma ƙorafinsu na da tushe. Amma ko ƙorafin ma shaida ce cewa ya yi tasiri. Bai naɗa kowa a mulki ba, sai dai ya ba talaka kalmomin da zai auna mai mulki da su.

Ɗan Damagaram:
Malam, na karɓi wannan. Amma ga abin da ke damuna, 'yancin nan yana raguwa. A 1973 M.T. Vasudevan Nair ya yi Nirmalyam, inda mai hidimar wurin bauta da talauci ya gama da shi ya tofa wa gunkin da ya bauta wa duk rayuwarsa yawu. Fim ɗin ya ci kyautar ƙasa. Su kansu suna cewa yau ba mai iya ɗaukar wannan fitowar. Ku duba Empuraan a Maris 2025. Ya nuna kashe-kashen da kowa ya gane na Gujarat ne na 2002. Hukumar tacewa ta riga ta wuce da shi, amma da masu ra'ayin Hindutva, wato 'yan kishin Hindu zalla, suka taso, masu fim ɗin da kansu suka yanke wurare 24, suka sauya sunan bos ɗin, Mohanlal ya fito ya nuna nadama. Babban fim, babban jarumi, cikin 'yan kwanaki suka durƙusa.

Ɗalibi a Indiya:
Ina nan lokacin, Yaya. Sun durƙusa, gaskiya ne, kuma abokaina sun ji kunya. Amma kafin a yanke mutane sun yi ta tururuwa su gani, babban ministan jihar na lokacin Pinarayi Vijayan ya je sinima ya kalla, shugaban 'yan adawa ma ya goyi bayan fim ɗin. Yaran da aka haifa bayan 2002 suka shiga intanet suna neman me ya faru a Gujarat. Haka da fim ɗin Hindi The Kerala Story ya fito a 2023 da iƙirarin mata 32,000 sun musulunta sun shiga ISIS, gwamnati da 'yan adawar Kerala suka haɗu suka ƙaryata, har masu fim ɗin suka janye adadin daga tallarsu suka koma cewa labarin mata uku ne. A jihar da Hindu suke kashi 55, Musulmi 27, Kirista 18, kowa ya san maƙwabcinsa, da wuya a sayar masa da irin wannan.

Ɗan Damagaram:
A Kerala ba a saya ba. A sauran Indiya an saya, ya kuma yi kuɗi sosai. Kuma furodusan da ya ga abin da ya sami Empuraan, gobe in marubuci ya kawo masa irin wannan labari zai karɓa? Wannan nake tsoro, yankan da ake yi tun a takarda, wanda ba mai gani.

Abban Sadiq:
Wannan tambayar ba ni da amsarta, ɗan uwa. Na dai janye cewa fim ne ya wayar da su, amma ban janye cewa yana aiki a kansu ba, labarin dattijon Ɗan Ci-rani ya ishe ni. Maman Ilham, akwai wanda ya ba 'yan Dalit bakinsu da kansu, ba tausayi daga sama ba?

Maman Ilham:
Nemi Kammatipaadam na 2016, na Rajeev Ravi. Yadda aka gina birnin Kochi a kan filayen 'yan Dalit, aka yi amfani da 'ya'yansu wajen korar iyayensu, sannan aka yar da su. Vinayakan, wanda ya fito a matsayin ɗan Dalit, ya ci kyautar jarumin jiha da shi. Sai dai ko a nan ta idon abokinsu mai asali aka ba da labarin, shi ne kuma a gaban fosta. Ka kalla tukuna, sai mu yi magana a kan wannan.

Ɗan Ci-rani:
Zan tambayi dattijon namu ko yana da shi a waya. Jibi Juma'a ba mu da aiki.